Masu Bin Bango

A Majema, bayan rijiyar da ta ƙafe,
akwai bangon da ya girmi kakan kakana.
Nan wasu tsofaffi ke shimfiɗa buzaye,
ba allo, ba tawada,
karatunsu ɗaya: rana da inuwa.

Da hantsi suna yamma da bango.
Rana na hawa, suna jan buzu taƙi-taƙi,
har bango ya naɗe tabarmarsa ya bar su a fili.
Manya na ce musu Masu Bin Bango,
mu yara muna ce musu ƙadangaru,
su dai ba su taɓa tankawa.

Wanda ya fara, in ji su, Nomau Majemi ne.
Ya shanya fatar jar akuya a tsakar rana,
ta bushe ƙamas, ta dare kamar bakin Rima a bazara.
Ya boye wata a ƙuryar ɗaki, ta yi fumfuna.
Ta uku ya rataye a ƙofar zaure,
inda haske ke sallama ba ya shiga,
ita ce ta ga kasuwa.

Ya ce: "Gaskiya rana ta, in ta yi yawa tana ƙuna.
Ruhin asiri inuwa na, in ya daɗe shina wari.
Mutum hwata na. Ku koyi shanyawa."

Bayansa suka rabu biyu, yadda aka saba.
Mutanen Modi Dogo suka ce inuwa bashi ce
da rana ke bin duk wani tsayayye,
shi ya sa da zawali take kiran abinta,
ka duba, saura ɗan canji a ƙasan dunduniya.
Arzika Makaho, wanda ya san inuwa da fatar goshi,
ya ce a'a, sadaka ce
da jiki ke bayarwa bai sani ba.
Ko marowaci, in ya tsaya a rana,
cinnaka na samun wurin fakewa.

Shekara talatin ana wannan.
An ci goron da zai cika amalanke.

Kakata Hassi ba ta da buzu a wurin,
fura take kai musu.
Ranar da gardama ta hana su biyanta
ta ɗaga faifai, ta mayar, ta sake ɗagawa.
"In ban ruhe ba, ƙuda ka sha.
In ban buɗe ba, wa ka saye?
Ku bar rana, ku bar bango,
ku dubi hannun da ad da sanin lokaci."
Modi ya yi tari. Arzika ya yi dariya har da ƙwalla.
Suka biya, ba wanda ya ce ya sauka daga ra'ayi,
sai dai tun ranar muryoyi suka rage hawa.

Na ƙarshensu, Baba Maccido, na taɓa tambaya:
ina inuwa take kwana?
Ya ja ni zaure bayan isha'i,
baƙi ƙirin, ko tafina ba na gani.
Ya ƙyasta ashana.
Sai ga mu biyu a bango, manya, muna rawa.
"Duhu maraya na," in ji shi.
"Wagga ko, ɗiyar haske ta.
Kak ka sake ka haɗa su."
Ashana ta cinye, ya yarfe yatsa,
muka fito muna lalubawa.

An rushe bangon da aka zo faɗaɗa titi.
Shagon waya ne a wurin yanzu, gilas har ƙasa,
ba ya tare rana, ba ya ɓoye kowa.

Jiya, ƙarfe biyu, kwalta na narkewa a Ƙofar Marke,
ina jiran kabu-kabu,
wata yarinya mai tallar albasa, ba takalmi,
ta matso ta tsaya cikin inuwata,
ba ta ko dube ni ba.
Babura uku suka yi mini hon suka wuce.
Bashi nake biya, ko sadaka nake yi?
Ban sani ba, Modi. Ban sani ba, Arzika.
Gumi na bin bayana,
ni dai ban yarda na motsa ba
sai da ƙafarta ta huce, ta ɗau tirenta
ta bi rana tana tsallakawa.