Daren da Nomau Ya Riga Mu Dariya

Bayan lisha, a Tawa, jikin bangon tela Arzika,
aka rataya farin zane mai faci biyu.
Injin Malam Hankurau ya yi tari, ya tofo haske,
ƙwari suka shigo kallo, ko dala ba su biya ba.

Sai ga mutanen da,
masu saurin kaza a kan rairayin azahar.
Dogo da katako a kafaɗa,
aka kira shi ta baya, ya juya,
katakon ya share gajere mai farantin ƙwai.
Ya juyo zai ba da haƙuri,
ya kwashe ɗan sanda, hula ta yi sama.
Baki na motsi, babu magana.
Tulu ya fashe, babu ƙara.

Mu muka ara musu murya.
Tambara mai ƙosai na ihu, "Kai gajere, sunkuya!"
Wani ya ce "tim!" a madadin ƙasa.

Yayana Nomau na gefena.
Tun zazzaɓin da ya kwantar da shi yana ɗan shekara huɗu
kunnensa ya ja ƙyaure.
A wurin hira dariyarsa baƙuwa ce
mai isowa bayan an kwashe akushi:
sai ya karanta bakinmu, sannan ya biyo sawu.

Daren nan kuwa,
tun ƙafar dogo ba ta kai bokitin farar ƙasa ba
Nomau ya hango.
Ya tuntsire, yana dukan cinyata.
Shi ke gaba, unguwa duka na biye.

Zaren silima ya tsinke.
Malam Hankurau ya hau benci zai gyara,
benci ya ce ba da shi ba,
sai tsundum, cikin ƙullun Tambara.
Muka haɗiye dariya, furfura ce ta faɗi.
Nomau bai ji shirunmu ba.
Dattijo ya miƙe, gemu na ɗigar da wake,
ya dube shi, ya dube shi,
ya cire hula ya rusuna.

A hanyar gida Nomau ya saɓa karan dawa.
Na taɓa bayansa, ya juya,
na zube cikin yashi.
Sau bakwai na faɗi kafin ƙofarmu,
har Inna ta fito da cocila
tana tambayar wa ya buge ni.