Mai Ɗaukar Kaya na Shafi na Tara

Sunana Baltasar. Iyakarsa ke nan.
Marubuciyar ba ta wahalar da kanta da sunan ubana ba.
Sufeto Custódio Varela kuwa, suna biyu,
ga gashin baki, ga ciwon gwiwa, har da kare.
Wanda aka ba kare ba ya mutuwa.

Ni ke ɗaukar akwatuna a wani otal a Porto,
bakin kogin Douro.
Aikina a littafin, in ce: "Ga mabuɗinka, yallaɓai."
Na faɗa a shafi na tara. Na kuwa faɗa da kyau.

Tun daga nan gabana ke faɗuwa.
Mai wanki, a shafi na ashirin, a kogi aka tsinto ta.
Mai gyaran lif, bawan Allah,
ya nuna hoton 'yarsa da hantsi, bai ga la'asar ba.
Gemun ɗan'uwa ya kama wuta, na shafa wa nawa ruwa:
na ɓoye hoton uwata,
na daina tari,
na daina zancen ritaya,
in an ji motsi a bene, ni kurma ne.

Dona Ermelinda, ke mai alƙalami,
ina jin cokalinki yana kaɗa kofin gahawa
duk sanda labari ya yi sanyi.
Na san abin da kike nema. Gawa.
Leƙa ɗaki na shida, akwai attajiri mai magada,
shi ma wuya gare shi.

A shafi na saba'in wuta ta ɗauke.
Sufeto ya waiwayo: "Kai, sauka ƙasa ka kawo kyandir."
Ni kaɗai. Matakala goma sha huɗu.
Na yi wasiyya a zuci, takalmina na kuku ne.
Na sauka. Na jira wuƙa.

Shiru.

Can sama an kama mai kisa, an zuba dogon bayani,
kare ya yi haushi, an rufe littafi.
Ta manta da ni.

Yau shekara uku ina nan ƙasa,
da kifin gwangwani, da zaitun, da kyandir kwali guda.
Da raina, lafiya ƙalau, har tumbi na ajiye.
Abu ɗaya ke ci mini tuwo a ƙwarya:
ashe ko kisan ma ban kai a yi mini ba.