Talatin, In Ji Norris

Ranar Lahadi, kafin ƙararrawar coci,
kafin shayi ya huce a kofi,
Norris kan durƙusa gaban kekena mai batir
kamar mai neman gafara wurin tayoyi huɗu.
Ya kwance hular bawul, ya danna ta a baki
don kada ta ɓace cikin ciyawa.
Ni ina bakin ƙofa, bargo a cinya, ina mita:
kai dai ba ka rasa abin taɓawa.

Talatin, in ji shi.
Ba arba'in ba, Enid,
kar duwatsun titin Whitby su kakkarya miki ƙugu.
Ba ashirin ba, kar taya ta kwanta ta shanye batir
ki maƙale a tsakiyar hawa kina kallon teku.
Kuma da sassafe ake aunawa.
Taya mai zafi maƙaryaciya ce.

Shekara shida ban taɓa riƙe famfon ba.

Sai ƙurar jiragen da ya kankare da ƙuruciya
ta biyo bashinta a ƙirjinsa.
Aka sa masa bututu a hanci.
Mutumin da bai taɓa barin taya ta yi laushi ba
ya rasa ta cika huhu biyu.
Ya tafi a Nuwamba, ana yayyafi.

Bayan nan keke ya soma ja hagu.
Na ce juyayi ne, har ƙarfe ya san an yi rashi.
Hanyar mai burodi ta ƙara tsawo,
batirin da kan kai ni bakin teku ya dawo da ni
ya koma haki tun a kwanar asibiti.
Na zargi sanyi, na zargi kamfani,
na zargi nauyin da ban ƙara ba.

Wata Talata ya mutu murus gaban kantin magani,
ni da burodi da kifin kyanwa,
tsuntsayen teku na yi mini dariya daga kan rufi.
Bryony, jikar maƙwabta, da jakar makaranta a baya,
ta tsuguna, ta danna taya da babban yatsa.
Yatsan ya nutse kamar a cikin ƙullu.
Ta ce, yaushe rabon ki sha musu iska?

A rumfar bayan gida muka sami famfon,
ma'auni na rataye a ƙusa.
Jikin katako, da fensir: talatin.
Ƙarƙashinsa Lahadi bayan Lahadi,
layi-layi har ƙasa,
na ƙarshen ya karkace kamar mai neman bango.

Da ta ɗora ma'auni a bawul
sai na ji tsss,
ɗan siririn numfashi ya fita.
Na kusa cewa bari.
Wannan da ta rage a ciki tasa ce,
ƙafarsa ce ta tura ta,
ran da yake hutawa bayan kowane taki uku.
Allura ta tsaya a sha ɗaya.
Ban ce komai ba. Na miƙa mata bututun.

Yanzu Lahadi tamu ce.
Gwiwata ba ta lanƙwasa, ita ke durƙusawa,
ni ke taka famfo da ƙafar da ta rage mini mai ji.
Ashirin da takwas. Ƙara biyu. Ya isa.
Jiya na ga ta danna hular bawul a baki.
Na ce fitar, ƙazanta ce!
Ban san wa ya koya mata ba.

Na gangara har bakin ruwa.
Keke ya miƙe sak, ba hagu ba dama,
sabuwar iska ta gauraya da tsohuwa,
su biyun suna ɗauke da ni.