Ramin Jiya

Bayan Ƙofar Kuyambana, in ka bar gonar rake a hagu,
akwai kududdufin da ba ya riƙe ruwa
ko da Kubanni ta cika ta batse.
Ramin Jiya muke ce masa.
Ƙasarsa ja ce, amma ba jan ganuwa ba,
jan hanta ne, mai danƙo, mai sanyin gindin randa.

Na taɓa shiga da hantsi, da diga da kwando,
sara bakwai na yi na fito,
sai ga ladan yana kiran la'asar,
furar da na ajiye a gindin gawo ta yi tsami.
Tanimu kuwa wuni ya yi a ciki yana kwaɓa,
ya fito ya tarar jakinsa
bai haɗiye harawar da ya bar shi yana taunawa ba.

Wani dakta ya zo daga Samaru
da takalmin roba da ƙarfe mai murɗawa.
Ya ce laka ce hawa-hawa,
kowane hawa da zamaninsa,
sai dai sun ƙi bin layi kamar na sauran ƙasa:
shekarar fara tana kwance a kan bara,
makon jiya ya nutse ƙarƙashin kakanni.
Agogonsa ya yi tari, ya ja da baya minti tara.
Ya ɗiba a kwalba ya tafi, bai dawo ba.
An ce masu gadin ofishinsa
suna jin lugude a cikin kwalbar da tsakar dare.
Ni dai ban je na ji ba.

Ni magini ne, ɗan Barau magini.
A bakin ramin nan ya koya mini cura tubali,
ya ce hannu ne ke da ido, ba fuska ba.
Da muka kai shi makwanci
sai na koma daidai inda yake tsayawa,
na ɗebo kwando goma sha ɗaya
na yaɓe bangon ɗakina na gabas.

Rani ya wuce, bango bai ce uffan ba.

Ruwan farko, ƙamshin ƙasa ya tashi,
bango ya yi gumi,
sai na ji tarinsa.
Na ji yana ƙirga tubali, ɗari da arba'in da uku,
ya ɓata lissafi, ya yi tsaki, ya sake.
Na ji dariyar nan tasa mai fita ta hanci.
Na jingina kunne kamar jariri a ƙirji.

Ashe ƙasa ba ta tankaɗe.
Gari da tsaki duk ɗaya take ajiyewa.
Sai ga wata murya, sabon fashewa,
tawa, ina shekara sha tara:
"Ni ba zan mutu cikin laka kamar kai ba."
Ga ƙarar kwandon da na yar.
Ga takuna yana nisa, ya nufi tasha.

Iya nan na sani.
Shekara talatin, iya nan na sani.

Bango bai tsaya ba.
Shiru mai tsawon alwala,
sannan muryarsa, ƙasa-ƙasa, yana ce wa Tanimu:
"Ɗauke masa kwandon nan,
sa shi a inuwa kada rana ta cinye shi."

Gwamma ta ce in kankare, in shafe da siminti,
ta gaji da miji mai hira da bango.
Na sayo buhu ɗaya a Sabon Gari.
Yana nan a zaure, damina uku,
ya daskare ya zama wurin zama.

In hadari ya haɗu a kan Kufena
nakan shimfiɗa tabarma ta gabas.
Har yanzu yana ɓata lissafi a arba'in da uku.
Nakan ce, da huɗu, Baba.
Yakan yi tsaki, ya sake daga farko.