Ƙarar Takarda

Shekara ashirin da bakwai ina bayan gilashi,
shi yana gaban makirufo.
Ni Magaji, mai murɗa maɓalli,
ba wanda ya san sunana sai mai biyan albashi.
Shi ko Sada Rafukka,
ko yaro ka tare a Ƙofar Marusa
ka ce, "Jama'a, a gyara zama,"
zai ƙarasa maka, "ga shafin yau."

Da keke ya zo mana, da jakar fata a rataye,
ba ƙosai a ciki, ba goro, littafi uku.
Aka ba shi cigiyar akuya da sanarwar rasuwa,
ya karanta su kamar wasiƙa daga uwa.
Daga nan labarun ƙarfe bakwai,
farashin taki, ranar riga-kafi,
sakamakon zaɓe har kiran assalatu.
Amma abin da ya roƙa bai fi minti goma sha biyar ba:
bayan lisha, a bar shi ya buɗe littafi.
Manaja ya ce, "Wa zai saurara?"

Mai shayin Sabon Layi ya saurara,
har madara ta ƙone a tukunya.
Wani direban Jibiya ya rubuto mana
wai ya kashe mota a gefen kwalta
don kar ƙugin inji ya cinye masa ƙarshen babi.

Rabin albashinsa masu gwanjon littafi suka ci.
Sahura, matarsa, takan ce
gara ta fi ta sanin ɗakin Malam.
Ba ya lanƙwasa kunnen shafi,
sai dai ya sa tikitin mota, ko ganyen bedi,
ko rasit ɗin bashin da bai biya ba.

Rigimarmu ɗaya ce, ni da shi:
ƙarar takarda.
Ya juya shafi, allurata ta zabura,
in buga gilashi, in harare shi.
Ya ce, "Bar ta, Magaji.
Ta haka makaho a Rimi zai san
ba daga kaina nake ƙirƙira ba."

Wata Laraba, cikin damina,
na lura allura ta kwanta.
Murya na tafiya sumul kamar ruwan rijiya a kwararo,
babi ya ƙare, wani ya kama,
hannu bai motsa ba.
Na leƙa sosai.
Littafin a kife yake, ƙasa a sama.

Yanar ido ta riga ta rufe shi tun bara.
Labarai, yarinyar ofis ke raɗa masa kafin a shiga.
Littattafan kuwa, ashe tuni sun tashi daga kanta
sun tare a ƙirjinsa.

Ban gaya wa manaja ba.
Washegari na zo da tsohon kundin awo,
na buɗe ƙaramin makirufo a gefena.
In ya ja numfashi, in juya shafi.
Shekara biyu Katsina tana jin takardata
tana zaton tasa ce.
Bai taɓa tambaya ba.
Sau ɗaya dai, muna sauka matakala, ya ce,
"Kana saurin juyawa, ban kai ƙasan shafi ba."

Ran sallama an ba shi agogon bango
da shadda yadi biyar.
Agogon bango, ga wanda ba ya gani.

Yanzu duk Asabar nakan je Rafukka.
Sahura ta shimfiɗa tabarma a zaure,
jikoki su zauna a bakin ƙofa.
Ni ke karatu, da muryar nan tawa
mai kama da tsohuwar ƙofar langa-langa.
In yi tuntuɓe, ya ɗora ni kan kalmar
tun kafin idona ya same ta.
Kuma kafin in fara, sai ya ɗaga yatsa uku,
biyu,
ɗaya,
ya nuna ni,
kamar yadda na yi masa dare dubu nawa,
ya jingina da bango,
ya karkato kunne wajen hannuna.