Na Yi Wa Kujera Tafinta

Goma saura kwata na isa, Mancesta na yayyafi.
Hawa na uku, ɗaki na bakwai,
ga sunansa manne a ƙofa, Tanimu Barau,
sun haɗiye masa harafi ɗaya.

Sana'ata aron baki.
Mai ƙara ya faɗa da Hausa, in juye wa alƙali,
alƙali ya yanka da Turanci, in mayar masa.
Yau ga baki ya zo, babu mai aro.

Lauyan kamfani ya dire fayil mai kaurin bulo,
ya jera biro uku, ya leƙa agogo.
Ni tun a jirgin ƙasa na karanta takardar:
shekara shida yana ɗaga kwali a sito,
wata Laraba bayansa ya ƙage,
ya kwanta kwana tara,
ya dawo, katinsa ya ƙi buɗe ƙofa.
Ba mutum ne ya sallame shi ba.
Ƙofa ce ta gaya masa.

Alƙaliyar ta cire tabarau. Ba muguwa ba ce.
Ta ce a ba shi rabin awa.
Akawu ya buga waya har sau uku,
waya na ƙara, mai ƙara bai ɗauka ba.
Muka zauna muna sauraron bututun ɗumama ɗaki
yana ƙwas, ƙwas.

Sai ta karanta, murya ba hawa ba sauka:
tunda bai zo ba, bai aiko da uzuri ba,
an kori ƙara.
Sabo turken wawa.
Na juya hagu, na sunkuya,
na faɗa wa kujera da Hausa,
kalma bayan kalma, ban rage komai ba.
Kujera ba ta musa ba.

An kore shi, an kori kukan korar.

Bayan sati biyu na gan shi a shagon nama, Cheetham Hill,
ya ɗan karkata kamar mai ɗauke da tulu a kwiɓi.
Ya ce, Malam, da asubar ranar saƙo ya shigo,
akwai aikin yini a wani sito,
kuma wanda ya ce a'a sau ɗaya, ba a sake kiransa.
Waya a loka ake kulle ta.
Mai gida ba ya karɓar sammaci a madadin haya.

Ya ce, to me alƙalin ya ce?
Na sake fassarawa, karo na biyu,
wannan karon da ido a gabana.
Ya gyaɗa kai.
Ya ce wa mahauci a ƙara masa ƙashi.

Ban gaya masa ba
an biya ni kuɗin awa biyu cif, har da na mota.
A duk shari'ar Tanimu Barau
mu biyu muka ci, ni da lauya.