A Juji

Takardar aikin dare tana manne a bangon kicin
a gidan tsofaffi, Huddersfield, bayan tashar bas.
Smith. Kowalski. Haddad.
Na tsaya da kofin shayi ina dariya ni kaɗai:
maƙera uku a jere,
Bature, ɗan Poland, 'yar Lebanon,
ba wanda ya taɓa ɗaga masaba a cikinsu,
ba mai tabon wuta a dantse.
Kakanni sun hura zuga-zugi,
jikoki na juya tsofaffi a katifa kada kwanciya ta ci musu baya.

A ƙasansu, ni: R. Bakori.
Ba sunan ubana ba ne, gari ne.
Ran da aka kai ni makaranta malam ya ce, "Sunan mahaifi?"
Na sunkuyar da kai.
Wace 'ya ce ke kiran sunan uba gatsal a gaban mutane?
Da ya gaji, ya rubuta inda muka fito.
Ga shi yau gari guda, da kasuwarsa da rijiyoyinsa,
yana lilo a ƙirjina jikin ɗan kati.

Ɗaki na tara, Misis Walker, casa'in da ɗaya.
Jikanta ya ce ba matafiya ake nufi ba,
masu tattaka ulu ne cikin ruwa
har sai saƙa ta yi kauri ta iya da sanyin ƙasar nan.
Ita kam rabonta da taka ƙasa tun bara.
Sunan ma na miji ne,
ya ara mata, ya mutu bai karɓa ba.
Nata na gidan uba ya zube a hanya
tare da ranakun mako.

Judy take ce min.
Ta ji yayata a waya tana kwaɗa min kira, "Ajuji!"
kunnenta ya tauna, ya tofo abin da ya iya.

Ƙarfe ukun dare, yayyafi na lasar taga,
ta farka idonta garau kamar ba ita ba.
"Wancan sunan. Na wayar. Me yake nufi?"

Abokan aiki in sun tambaya
nakan ce, "Kyauta," mu wuce.
Amma dare ba ya son kwaskwarima.
Na ce: huɗu innata ta binne kafin ni,
ba wanda ya kai yaye.
Da na zo, kakata ta naɗe ni a tsumma
ta ajiye ni kan juji, cikin toka da ɓawon gyaɗa,
don in mutuwa ta biyo ta ga shara ce,
ta ɗauke kai.
Ramlatu aka raɗa min ran suna, an yanka rago a kai,
amma wanda ya tsare ni
shi ne na bola.

Ta yi shiru har na zaci barci ya dawo.

"Namiji ne," ta ce. "Ina da ashirin da huɗu.
Suka naɗe shi suka fita, ban ga fuskar ba.
Suka ce in je gida in sake gwadawa.
Ba a ba shi komai ba.
Ko na bola."

Injin ɗumama ɗaki na ta ƙas-ƙas.
Ban san me ake cewa da Turanci a nan ba,
da Hausa ma sai "Allah ya sa mai ceto ne,"
na faɗa a ciki.

Ta kamo hannuna, yatsunta kamar karan dawa.
"Ara min naki zuwa safe."
Na ara mata.
Sau uku tana gwadawa, harshe na tuntuɓe,
a na huɗu ya fito daidai,
ta rungume shi a ƙirji da hannu biyu.

Da gari ya waye Haddad ta karɓe ni.
A littafin rahoto na rubuta: ta farka sau ɗaya, ta sha ruwa.
Na sa hannu da sunan gari.
A bas na tuna, a gidanmu
kabewar juji ta fi ta lambu girma,
kuma ban karɓo abin da na ara ba.